Neman shawara: ta ina zan fara bincike a kan fina-finan Indiya marasa magana?

Ɗaliba:
Assalamu alaikum, malamaina da yayyena. Ina shirin rubuta kundin digirina a kan farkon tarihin fim a Indiya, wato zamanin da ake nuna hoto mai motsi ba tare da magana ba, sai dai na nemi fina-finan don in kalla, kaɗan kawai nake samu. Shin in canza maudu'i ne, ko akwai hanyar da zan bi?

Malami:
Wa alaikumus salam, 'yata. Kada ki canza, domin wannan ƙarancin shi kansa babi ne a cikin kundinki. An shirya fina-finai marasa magana fiye da 1,300 a Indiya, amma waɗanda suka tsira ba su kai 30 ba, saboda faifan wancan zamani yana saurin kama wuta kuma yana ruɓewa idan ya daɗe a ajiye. Hiralal Sen na Kalkata, wanda yake cikin masu shirya fim na farko-farko, gobara ce ta cinye ayyukansa a 1917. Ki fara da abin da ya rage na Dadasaheb Phalke, wanda ya nuna fim ɗinsa Raja Harishchandra a Bombay a 1913, sannan ki rubuta wa ma'ajiyar fina-finai ta ƙasa da ke Pune, wadda aka kafa a 1964.

Wata yaya:
Ƙanwata, ni abin da nake so ki tsaya a kansa shi ne batun mata. Phalke ya rasa macen da za ta yarda ta fito a fim ɗin Raja Harishchandra, saboda ana ɗaukar sana'ar abin kunya, har ta kai ga namiji, Anna Salunke, ya ɗaura tufafin mata ya fito a matsayin sarauniya. Amma a 1926 sai ga Fatma Begum tana ba da umarnin fim da kanta, kuma tazarar waɗannan shekaru 13 ta isa ta cika miki babi guda.

Malami:
Haka ne. Ki kuma kula kada ki rubuta cewa a shiru ake kallo, domin makaɗa suna zaune gaban allo da kayan kiɗa irin su harmoniya da tabla (gangunan Indiya) suna bin labarin, ana kuma rubuta bayani a tsakanin hotuna. Ki kafa iyakar bincikenki daga 1896, da aka fara haska fim a Indiya a otal ɗin Watson na Bombay, zuwa 1931, da fim ɗin Alam Ara ya zo da magana da waƙa.