Ismail Kemali na Albaniya: cin amana ya yi ko ceton mutanensa?

Ɗan_Fagge:
Salamu alaikum jama'a. Don Allah masana tarihi ku taimaka min da wani abu da ya tsaya min a rai. Mutumin nan Ismail Kemali da ya ayyana 'yancin Albaniya ranar 28 ga Nuwamba 1912, Musulmi ne, kuma kusan duk rayuwarsa ma'aikacin Daular Usmaniyya ta Turkiyya ne, har gwamna ya yi musu. To ya aka yi kuma shi ne ya zo ya cire ƙasarsa daga hannun Santambul a daidai lokacin da daular take cikin bala'in yaƙi? Wannan ba cin amana ba ne?

Malam_Habu:
Wa alaikumus salam. Ɗan uwa ka duba abin da ke faruwa a wannan wata kafin ka yanke masa hukunci. Yaƙin Balkan ya ɓarke a Oktoba 1912, Sabiya da Girka da Bulgeriya da Montenegro suka yi wa Turkawa taron dangi, cikin 'yan makonni sojan daular ya watse, Sabiyawa sun shigo ta arewa suna neman bakin teku, Girkawa ta kudu, Montenegro ta kewaye birnin Shkodra, kowa na yankar rabonsa a ƙasar Albaniyawa, kuma Santambul ba ta iya kare kanta ma balle wani. To mutum ya zauna jiran wa?

Kuma shi fa tun asali ba ɓallewa yake nema ba. An haife shi a Vlora, wani gari na bakin teku a kudancin Albaniya, a 1844, ya yi karatu a Yanina, ya shiga aikin daula ya zama na hannun daman Midhat Pasha, wanda ya jagoranci tsarin mulkin 1876. Da Sultan Abdulhamid na biyu ya juya wa Midhat baya shi ma aka tura shi zaman dole a Anadolu shekaru bakwai. A 1900 aka naɗa shi gwamnan Tarabulus, wato can inda fatakenmu na Kano suke kai kaya a da, sai ya gane wannan naɗi kora ce aka lulluɓe da rawani, ya hau jirgin ruwan Ingila ya gudu Turai. Ya dawo bayan juyin 1908 da ya maido da tsarin mulki a daular, aka zaɓe shi ɗan majalisa mai wakiltar Berat ta Albaniya. Duk tsawon wannan lokaci abin da yake ta nema shi ne a bar Albaniyawa su yi karatu da harshensu, su riƙe harkokin yankinsu a cikin daular. Sai da rufin ya rufta kansu sannan ya fita.

Ummu_Sadiq:
Malam na yarda da kai amma kar a mai da shi waliyyi. Kafin ya iso gida sai da ya bi ta Bukares da Biyana da Budapest, ya gana da Berchtold ministan harkokin wajen Ostiriya, kuma ita Ostiriya ba don son Albaniyawa ta goyi bayansa ba, so take ta hana Sabiya samun teku. Daga Trieste ya shigo jirgin ruwa zuwa Durres ta Albaniya, can ma bai samu yadda yake so ba ya wuce Vlora garinsu. Gwamnatin tasa kuma iyakarta Vlora da ɗan kewayenta, Girkawa ma sun tare tashar jirgin.

Abin da ya fi ba ni takaici shi ne taron jakadu na Landan. A 1913 suka amince da Albaniya amma suka bar Kosovo wa Sabiya, wani yanki na kudu wa Girka, Albaniyawa masu ɗimbin yawa suka wayi gari a wajen ƙasarsu, su Isa Boletini da suka yi ta yaƙi a Kosovo garinsu ya faɗa hannun wasu. Wallahi duk sanda na karanta wannan sai zuciyata ta yi nauyi, don rikicin Kosovo na 1999 daga nan ya samo tushe.

Malam_Habu:
Haka ne Hajiya, sai dai ba shi ya zana iyakar ba, manyan ƙasashe ne, shi ba shi da soja ba shi da kuɗi. A cikin gida ma Esad Pasha Toptani ya kafa tasa gwamnatin a Durres yana ja da shi. Janairu 1914 ya sauka ya miƙa mulki ga hukumar sa ido ta ƙasashen Turai, aka kawo musu Bajamushe, Wilhelm na Wied, ya zama sarki, shi ma wata shida kawai ya yi ya tattara. Ismail Kemali ya rasu a Perugia ta Italiya a Janairu 1919, aka kawo gawarsa gida. Allah Ya jiƙan Musulmi.

Ɗan_Fagge:
Amin, na gode ƙwarai. Malam shi wannan Esad Pasha ɗin me ya haɗa su tun farko, neman kujera ne kawai ko akwai hannun Sabiya a ciki?