Kalmomin Turanci masu kama da juna a kunne: wacce ce ta aji, wacce ce ta titi?

Ɗalibar Arkilla:

Assalamu alaikum malamai. Akwai kalmomin Turanci da furucinsu ya yi kusa ƙwarai, amma ɗaya ta mutunci ce, ɗayar kuwa ashar ko maganar samari, kamar sheet da 'yar'uwarta da ba a faɗa gaban manya. Akwai kuma kalma ɗaya mai ma'ana biyu, ta ƙamus da ta titi. Ta yaya ɗalibi mai shirin WAEC zai rarrabe su, a baki da kuma a rubutu?

Malamin Furuci:

Wa alaikumus salam ƙanwata. Tambayarki biyu ce a ƙunshe, zan ɗauki ta furuci.

Yawancin abin kunyar daga wasali guda yake fitowa. Sheet takarda ce ko zanen gado, shit kuwa kashi ne, kuma ashar ce. Beach bakin teku, bitch karya, wato macen kare, amma yau an fi jin ta a matsayin zagin mace. Piece yanki, piss fitsari cikin gatsali. A duk ukun, ta mutuncin tana da dogon wasali, ta banzar gajere. Bahaushe bai da uzuri a nan, domin da tsawon wasali muke raba duka na jimla da dukan sanda, ko gari na mutane da garin tuwo. Ki ja wasalin sheet yadda kike jan na dukan sanda.

Sai p da f. Hausa ba ta raba su, shi ya sa pig da fig ko pan da fan suke cakuɗewa. Wajen f, haƙoran sama su taɓa leɓen ƙasa, iska ta riƙa fita ba yankewa. Wajen p, leɓɓa biyu su rufe ruf sannan su buɗe da ƙarfi. Riƙe 'yar takarda gaban baki ki ce pan: in ba ta yi tsalle ba, ba p kika yi ba. Gwada tagwayen kalmomi biyar irin pan da fan a rana, minti 10, ki naɗi muryarki a waya ki saurara.

Tsohon Malami, Runjin Sambo:

Malam ya yi bayani, amma ina da ɗan gyara. Tsawo kaɗai bai wadatar ba. Bature yana gajarta dogon wasali idan t, s, k ko ch suka biyo baya, har wasalin beat kan yi kusan tsawon na bid. To sheet, beach da piece duk da irin waɗannan baƙaƙe suka ƙare. Abin da kunnen Bature yake kamawa shi ne yanayin baki: a dogon, leɓɓa a shimfiɗe kamar mai murmushi, harshe sama a ɗaure, a gajeren, baki a sake, harshe ya ɗan sauko wajen e. Wanda ya ja sautin da sakakken baki, ashar ɗin ya ja kawai.

Mu Sakkwatawa kuma da ƙarin aiki, tunda tahi da hwaɗa muka tashi da su. Yaro kan ce hit yana nufin fit, ko heel yana nufin feel. A gwajin furuci na WAEC ba a jin muryar ɗalibi, zaɓi yake yi a takarda, amma wanda bakinsa bai raba sautuka biyu ba, alƙalaminsa ma ba zai raba su ba.

Malama Mai Ƙamus:

Bari in ɗauki rabi na biyu, wanda ya fi yi wa ɗalibai illa a insha'i.

Dough kwaɓaɓɓiyar fulawa ce, a titi kuɗi. Furucinta ɗaya da doe, macen barewa. Fat mai ƙiba, phat yabo ne na mawaƙan Amurka. Sick marar lafiya, amma saurayi ya ce motarka sick, yabonta ya yi. Cap hula, no cap kuwa ba ƙarya. Goat ita ta fi ban dariya: a Najeriya zagi ce, amma da manyan baƙaƙe, GOAT, gwanin da ba a taɓa yin kamarsa ba ake nufi, kamar yadda masu kallon ƙwallo ke musu kan Messi da Ronaldo.

Ƙasa ma tana sauya ma'ana. Rubber a Ingila abin goge fensir ne, a bakin Amurkawa kororon roba. Pissed a Amurka fushi, a Ingila maye. Ass jaki ne a tsohon Turanci, a Amurka mazaunai. Cock zakara ne, amma saboda ɗaya ma'anar tata Amurkawa suka fi cewa rooster. Ki ce eraser, donkey, rooster, kin huta.

Hanyar dubawa: buɗe ƙamus na masu koyo, na Oxford ko Longman, kar ki tsaya kan ma'ana ta 1, ki karanta har ƙasa, ki lura da ƙananan alamun da ke gaban kowace ma'ana. Informal ta hira ce da wasiƙar aboki. Slang ta titi ce, kar a shiga da ita aji. Taboo da offensive kuwa, wato na batsa da na zagi, ki san su don ki gane in an faɗa, ba don ki faɗa ba.

Ɗalibar Arkilla:

Allah ya saka da alheri. To Malama, irin su gist da chop fa? An ce sun shiga ƙamus.

Malama Mai Ƙamus:

Sun shiga. A Janairun 2020 babban ƙamus na Oxford ya ƙara kalmomi 29 na Turancin Najeriya, har da gist, chop, okada da Kannywood. Amma shiga ƙamus shaida ce cewa ana faɗa, ba lasisin sawa a wasiƙar neman aiki ba. Gist ta asali tana nufin gundarin magana, ita za ki sa a jarrabawa. Gist ta hira da gulma tamu ce. Chop a daidaitaccen Turanci sara ne ko yayyankawa, ba cin abinci ba. Kuma ki kula kar ch ɗinta ta koma sh, don shop kanti ne.