Kotu ta ba ni riƙon yarana, mahaifinsu ya ƙi sakin su

Admin: Wata 'yar uwa ce ta turo, ta ce a sakaya sunanta.

Assalamu alaikum 'yan uwa. Mun rabu da mijina bara, yaranmu biyu, mace 'yar shekara 7 da namiji mai shekara 4. Na kai ƙara kotun shari'a a nan Kano, alƙali ya ba ni riƙonsu, ya kuma yanka masa kuɗin ciyarwa duk wata. Da ƙaramar sallah ya ce a ba shi su su yi kwana 3. Yau wata 4 ke nan. Ya kai su wajen Hajiyarsa, in na je sai a ce sun tafi islamiyya. Kuɗin ma sau ɗaya ya taɓa bayarwa. Babana ya ce in bar wa Allah, ɗa na ubansa ne. Ni kuwa ko barci ba na iyawa. Ina zan nufa?

Maman 'Yan Biyu: Allah sarki. Allah Ya dafa miki. Ki samu kawunsa ko limamin unguwarsu su yi masa magana tukun, Hajiyar ma in kin kwantar da kai wataƙila ta sauko.

Barista: Hajiya, kotun da ta yanke hukuncin za ki koma, kada ki buɗe sabuwar ƙara a wani wuri. Ki je wurin rajistara ki karɓi kwafin hukuncin mai hatimi, ki nemi a zartar da shi. Za a aika masa sammaci ya zo ya faɗi dalilinsa. In ya ƙi zuwa ko ya ƙi miƙa yaran, raina kotu ne, alƙali na da ikon sa a kamo shi, ya kuma tura ma'aikacin kotu da ɗan sanda su karɓo su. Ki bincika ko ya ɗaukaka ƙara. Ko ya ɗaukaka ɗin, wannan kaɗai bai dakatar da hukunci ba, sai in ya samo umarnin dakatarwa daban. Bashin ciyarwar ma ki lissafa wata-wata ki shigar tare. In babu kuɗin lauya, akwai Legal Aid da ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA, suna taimakawa kyauta.

Abu ɗaya: kada ki je makaranta ki ɗauke su a ɓoye, ko ki kwashi 'yan uwanki maza ku tafi gidan. Yanzu gaskiya na hannunki, kada ki ba shi abin kamawa.

Malamar Islamiyya: A gaya wa Baba cikin ladabi, nasaba ce ta uba, riƙo na uwa ne. A Risala, littafin fiƙihun Malikiyya, ƙarara aka faɗa: namiji yana wajen uwa har ya balaga, mace har ta yi aure ta tare. Ko kin yi wani aure, mahaifiyarki ce ke biye, kafin a zo kan dangin uba.

Uwar Gida: Ni Hisba na fara zuwa lokacin nawa. Sun kira shi, ya yi alkawari a gabansu, da muka fito ya murje ido. Sulhu suke yi, tilastawa ta kotu ce. Sai da na yi zirga-zirga zuwa kotu sau 5, har ana ɗage zama don bai karɓi sammaci ba. Ki tanadi kuɗin mota da haƙuri.

Wani Bawan Allah: Mu ji ta bakin uban ma dai. Wataƙila hana shi ganinsu aka yi.

Mai tambaya: Wallahi duk Juma'a yana zuwa, ban taɓa hanawa ba. Barista, kwafin hukuncin bai zo hannuna ba, a baki kawai aka karanta mana. Zan iya karɓa yanzu bayan wata 9?

Barista: Ƙwarai. Ki tafi da lambar ƙarar ko ranar da aka yi zaman ƙarshe. Duk abin da kika biya ki karɓi rasit.