Ina mace soja za ta kai ƙara idan wanda ya zalunce ta shugabanta ne?

Wata uwa daga Jos:
Assalamu alaikum. 'Yata tana son shiga Makarantar Horar da Hafsoshi ta Kaduna, wadda ta fara ɗaukar mata a kwas ɗin hafsoshin yaƙi a 2011. Idan na gaba da ita ya ci zarafinta, wa zai saurare ta?

Tsohon soja daga Abuja:
Wa'alaikumus salam, Hajiya. Dokar Rundunar Soja ce ke hukunta kowa, mace ko namiji, a kotun soja, kuma ana iya ɗaukaka ƙara zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara. Matsalar ita ce, koke yakan bi ta hannun shugabanni, kuma manyan hafsoshi ne ke kafa kotun, saboda haka wadda take tsoron rasa ƙarin girma takan haɗiye abin ta yi shiru.

Wata lauya daga Jos:
Sashe na 42 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya haramta nuna bambancin jinsi, kuma kakin soja bai cire mata wannan haƙƙi ba. A ganina, wajibi ne a samar da masu bincike waɗanda ba sa ƙarƙashin kwamandan da ake zargi. Kafin nan, Hajiya, Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Ƙasa tana karɓar koke.