Neman kalma: me za mu kira "supporting actor" da Hausa?

Hadiza: Salam 'yan uwa, a taimaka min, gobe da safe nake da shiri a rediyo kan Orlando Martins, ɗan Legas ɗin nan da ya yi fina-finai a Ingila, an haife shi 1899 ya rasu 1985. Matsalar ita ce kusan duk rayuwarsa supporting actor ne, wato yana da rawa mai muhimmanci a fim amma ba shi ne babban ɗan wasan ba. A The Hasty Heart na 1949 sojan Afirka ya fito yana jinya a asibiti tare da su Ronald Reagan, ba ya jin Turanci, da ƙyar ma yake magana amma kuma idon mutum na kansa. To me zan ce masa?

Sani: Mataimakin jarumi mana, kowa zai gane.

Malam Bala: Taimakon me ya yi masa, jaka ya riƙe masa? A Men of Two Worlds na 1946 ai boka ya fito yana ja da jarumin. Kuma ni tun farko kalmar jarumi ɗin nan ban yarda da ita ba, jarumi wanda ya je fagen daga ne, 'yan fim suka ɗauka suka manna wa duk wanda ya iya rawa. Ni "madogarin wasa" nake cewa, na daɗe ina koya wa ɗalibaina.

Sani: Malam madogari kuma kamar sandar tsoho, wallahi in ta faɗa a rediyo sai an bugo waya ana tambaya

Ɗan Maraɗi: cikon benci 😂

Hadiza: Haba, mutumin da sunansa ke fitowa a jerin 'yan wasa? Cikon benci ai masu wucewa ne a baya.

Malam Bala: Abin da ke kashe harshen nan kenan, duk abin da Kano ta furta shikenan ya zauna ko da karkatacce ne, amma Bature ya ƙirƙiro kalma jiya yau kun haddace.

Sani: To Malam ɗaliban naka da kansu suna faɗar madogarin in sun fita daga aji?

Ɗan Maraɗi: Barin wasa, "ɗan wasan rufa baya" fa? Rufa baya kowa ya san ta, ba raini a ciki.

Hadiza: Wannan ta ɗan kwanta min, duk da bokan bai rufa wa kowa baya ba. Da ita zan buɗe, daga nan in ci gaba da ɗan wasa kawai.

Malam Bala: Ta yi tsawo. Amma dai ta fi mataimaki. Ki ambaci madogari ko sau ɗaya ne a ji.

Hadiza: Minti goma sha biyar gare ni Malam, sai dai in ga yadda ta kama.