Katin ɗaukar gem yana nuna min baƙin allo da PS5, a taimaka

Fad_Biyu:

Assalamu alaikum jama'a, don Allah waɗanda suka san harkar ɗaukar gem da kati ku nake nema. So nake in fara rikodin wasan da nake bugawa a PS5 ina ɗorawa a YouTube, wani lokaci kuma in yi layif a Twitch da muryata da ɗan hoton fuskata a gefe, shi ne na sayi ƙaramin kapcha kad ɗin nan, wato katin da ke ɗauko hoton gem ya kai kwamfuta, mai ramin HDMI biyu da wayar USB guda, a jikin kwalin ma an rubuta 4K da manyan baƙi. Na jona komai, na sauke OBS Studio, manhajar rikodin da layif, a laftof, na ƙara Video Capture Device na zaɓi katin, amma allo baƙi ƙirin, ko alamar PS ba ta fitowa. A tibi kuma hoton ya zo ya tafi, sai ƙifce-ƙifce yake. Da na gwada da Nintendo Switch ɗin ƙanena a kan dok hoto ya fito a OBS, sai dai yana tafiya yana cijewa, kuma in na danna maɓalli sai an ɗan jima kafin abin ya motsa. To katin ne jabu in mayar, ko laftof ɗin ne bai kai ba?

Mai_Kebul:

Wa alaikumus salam. Ɗan'uwa kar ka mayar da komai tukuna, tunda Switch ta fito ai katin yana da rai. Abin da ya rufe maka PS5 shi ne HDCP, wani kulle ne da Intel suka ƙirƙiro don kada a kwafi finafinai ta HDMI, kuma PS4 da PS5 da shi a kunne suke zuwa. Cire katin ka jona PS5 kai tsaye da tibi, ka shiga Settings, System, HDMI, za ka ga Enable HDCP, ka kashe shi, za ta ce sai ta rufe gem ɗin da ke buɗe, ka yarda. Sannan ka mayar da katin: waya daga PS5 ta shiga ramin IN, wata daga OUT ta tafi tibi, USB zuwa laftof. Ka duba da kyau don ramukan kamarsu ɗaya, mutane da yawa a nan suke juya su.

Abu ɗaya, muddin HDCP a kashe yake Netflix da irinsu ba za su yi aiki a kan PS ɗin ba sai ka sake kunnawa. Masu Xbox ba ruwansu da wannan wahalar, ita da kanta take sakin kullen in gem ake bugawa. PS3 kuwa babu ma wurin kashewa, shi ya sa a da ta wayar component ake ɗaukarta.

Oga_4K:

Ni dai gaskiya zan faɗa maka ko ba daɗi, HDCP zai buɗe maka hoto amma cijewar nan da ka gani da Switch ba inda za ta. Irin waɗannan ƙananan katunan da yawansu USB 2.0 ne a ciki, an dai shafa wa bakin shuɗin fenti ne ya yi kama da 3.0. Yi lissafi da kanka, USB 2.0 iyakarsa megabit 480 a sakan, hoton 1080p mai firam 60, wato hotuna 60 a sakan, wanda ba a matse ba kuwa yana cin kusan gigabit 2 a sakan, ta ina zai bi? Dole katin ya matse shi zuwa MJPEG ya ba ka firam 30. 4K ɗin da ka gani a kwali kuma abin da yake iya karɓa ne, ba abin da yake miƙa wa kwamfuta ba. Ka nemi na gaske irin Elgato HD60 X ko ɗaya daga cikin Live Gamer na AVerMedia ka huta.

Mai_Kebul:

Oga lissafinka daidai ne amma ka yi saurin yanke hukunci, ai ba mu san me ke cikin katinsa ba tukuna. Akwai ƙananan da ke da cif ɗin MS2109, waɗannan su ne ka kwatanta, 1080p a 30 ko 720p a 60. Akwai kuma masu MS2130 waɗanda USB 3.0 ne na gaskiya suna ba da 1080p a 60 lafiya lau, kuma a ido ba ka bambanta su. Kuma ko katin kirki ne in ka soka shi a ramin 2.0 na laftof ko ka bi da shi ta hob tare da maus da kibod, haka zai riƙa cijewa.

Fad_Biyu ga yadda za ka gane. Soka shi kai tsaye a ramin da ke da alamar SS ko mai shuɗin ciki, da wayar da ta zo da shi. A OBS ka buɗe Properties na katin, ka mayar da Resolution/FPS Type zuwa Custom, ka sa 1920x1080, FPS 60, sai ka leƙa Video Format. In ka ga YUY2 ko NV12, wato tsarin hoton da ba a matse ba, kuma hoto na tafiya sumul to katinka ba shi da laifi. In MJPEG kawai ya ba ka kuma ya ƙi wuce 30, to Oga ya yi gaskiya, amma ko a hakan ni 720p a 60 zan ce ka fara da shi, yawancin masu kallo a waya suke, motsi mai santsi ya fi musu amfani a kan yawan ɗigon hoto.

Maganar jinkirin maɓalli kuma ba cuta ba ce, haka abin yake. Hoton sai ya bi USB, kwamfuta ta karɓa, OBS ya zana, dole ya makara ko da kaɗan ne. Ba a buga gem ana kallon tagar OBS, tibi ake kallo, amfanin ramin OUT ke nan, shi yana wuce da hoton ne kai tsaye. Abin da zan yarda da Oga a kai shi ne in tibinka mai 120Hz ce kuma ka saba da VRR, wato tibi ta riƙa daidaita saurinta da firam ɗin gem, to kati mai wuce da 60 kawai zai sauko da kai 60, don PS5 abin da katin ya ce mata yana iyawa shi take turowa. A nan ne babban kati ke da amfani, in ba haka ba ban ga dalilin gaggawa ba.

Fad_Biyu:

Allah ya saka da alheri, na kashe HDCP hoto ya fito, kuma a ramin SS ya ba ni YUY2 a 60 ba cijewa. Oga_4K ka yi haƙuri ciniki ya fasa haha. Saura biyu: kalar a OBS ta koɗe kamar rigar da ta sha wanki alhali a tibi ras take, sannan in na soka hedifon a jikin fad, wato abin riƙewa na buga gem, sandar sautin OBS ba ta ko motsi, in na cire sai ta dawo.

Gimbiya_64:

Sannu malam, kalar nan abu biyu ke kawo ta. Na farko HDR, wato tsarin hoto mai ƙarin haske da kala, in PS5 na turo HDR kuma katin bai iya mayar da shi hoto na yau da kullum ba to haka za ka gan shi fari-fari, ka je Screen and Video, Video Output ka kashe HDR ka gani. In bai gyaru ba to Color Range ne, akwai Limited mai tafiya daga 16 zuwa 235 akwai Full mai 0 zuwa 255, in PS ta turo ɗaya OBS ya ɗauka ɗayan ne sai baƙi ya koma toka-toka ko kuma wurare masu duhu su haɗiye komai. Ka daidaita RGB Range na PS da na Properties ɗin katin su zama iri ɗaya, ka tsaya a wuri mai duhu cikin gem ɗin kana canzawa kana kwatantawa da tibi, nan take ido zai faɗa maka.

Sautin kuma ba laifin OBS ba ne, da ka soka hedifon a fad PS5 ta kwashe sautin gaba ɗaya ta kai can, HDMI ya zama hoto zalla, katin kuwa abin da ya bi HDMI kawai yake ji. Mafi sauƙi ka bar Output Device a kan HDMI ka soka hedifon ɗin a jikin tibi ko monita in tana da ramin. Ko ka je Output to Headphones ka zaɓi Chat Audio, sautin gem zai koma HDMI, hirar abokai kawai za ta rage a kunnenka, amma ka san hirar ba za ta shiga rikodin ba, wanda ni a wurina alheri ne ma, ba kowa ke son a watsa muryarsa duniya ta ji ba tare da an tambaye shi ba. In dole kana son duka biyun akwai wayar da ake kira Chat Link, sai dai tana buƙatar ramin shigar sauti a katin ko a kwamfuta. Ka sa Audio Format a Linear PCM, yawancin katunan ba sa gane Dolby ko DTS.

Kuma in ka haɗa makirfo ka yi gwaji kafin layif, ka tafa hannu a gaban kamara ka danna wani abu mai ƙara a gem ɗin, ka kalli rikodin. In muryarka na riga hoto sai ka shiga Advanced Audio Properties ka ƙara wa makirfon Sync Offset kaɗan-kaɗan har su haɗu.

Oga_4K:

To madalla, katin ya tsira, na janye. Amma tunda layif kake so bari in faɗa maka inda za ka fi shan wuya, ba katin ba ne, intanet ne, kuma ba saurin saukewa ba, saurin turawa. Twitch 6000 kbps suke ba da shawara a 1080p mai firam 60, Rate Control a CBR, Keyframe Interval sakan 2. Kada saurin turawar layinka ya zama megabit 6 a sakan cif-cif, wato 6000 kbps ɗin, ka ce ya isa, ka bar sarari sosai, in bai kai ba ka sauka 720p da 3500 zuwa 4500. Ka kuma sani 6000 kbps ɗin nan wajen gigabayit 2.7 ne a duk awa ɗaya in data kake ƙirgawa. In da hali ka ja waya daga rauta zuwa laftof, Wi-Fi na yanka firam ba sallama.

Wajen Encoder, wato abin da ke matse bidiyon kafin a tura ko a ajiye, kar ka bar shi a x264 in laftof ɗin ba wani ƙarfi gare shi ba, ka zaɓi NVENC in Nvidia ne a ciki, ko QuickSync na Intel, ko na AMD, ka kuma bar caja a jiki don a kan batir rage gudu yake. In abu ya fara cijewa ka buɗe View, Stats, zai nuna maka ko netwok ne ke zubar da firam ko encoding ne ya gaza, maganinsu ba ɗaya ba ne, na farko bitrate, wato kbps ɗin nan, ake ragewa, na biyu girman hoto ko firam.

Fad_Biyu:

HDR ne kuwa, kala ta dawo, hedifon ma na mayar jikin monita sauti na shiga. Tambaya ta ƙarshe, rikodin ɗin da na gwada ya fito da .mkv kuma manhajar da nake yanka bidiyo da ita ta ƙi buɗe shi, in canza zuwa MP4 ne daga saitin?

Gimbiya_64:

A'a bar shi a MKV. MP4 na asali sai an rufe fayil ɗin lafiya yake buɗuwa, in OBS ya maƙale ko laftof ya mutu ana tsakiyar ɗauka duk abin da ka yi ya tafi, MKV kuwa za ka samu har inda ya tsaya. In ka gama ka je File, Remux Recordings ka jefa shi, cikin ɗan lokaci zai ba ka MP4 ba tare da hoton ya ragu ba don ba sake matse shi yake ba. A Settings, Advanced ma akwai wurin da za ka sa ya riƙa yi da kansa duk sanda ka tsayar da rikodin.