Fim ɗin zanen da ake gogewa, yaya ake yin sa?

Ɗan Gawayi: Salama alaikum. Jiya na kalli wani gajeren fim na zanen gawayi, ba magana ko ɗaya. Gini ya miƙe, sai ya dusashe, amma tabonsa na nan a takardar. Abin ya tsaya min a rai har na kasa barci. Don Allah yaya ake haɗa shi?

Yaya Mai Kyamara: Wa alaikumus salam, ƙanena. Salon William Kentridge ne, ɗan Johannesburg da aka haifa a 1955. Takarda ɗaya yake zanawa, ya ɗauki hoto, ya goge wani wuri, ya ƙara zane, ya sake ɗauka. Gawayi ba ya goguwa fes, shi ya sa sawun abin da aka rushe yake bin sabon. A ganina nan ƙarfin aikin yake.

Anti Rairayi: Tunda labarin gini da rushewa ya taɓa ka, nemi fim ɗin "The Sand Castle" na Co Hoedeman, Kanada, 1977. 'Yan halittun yashi ne suka gina fada, iska ta taso ta binne ta. Ya ci Oscar.

Ɗan Gawayi: Na gode, Yaya, na gode, Anti. Yau zan kafa wayata in gwada da gidan kakata da damina ta rushe.